Abin da Makirufon Dorota Ya Ji

Ƙarfe sha ɗaya na safe Dorota Wilczek ta faɗi a gaban kyamara, a tsohon siton da take atisaye a Montreal. Wayoyi goma sha biyu ne manne a hannayenta da bayanta, na'ura tana aika ɗan lantarki yana motsa mata tsoka, ita kuma ta yi rawa da shi. Ranar sai ta sandare, ta zube. Noémie Lachance, wadda ta shekara biyu tana ɗaukar fim a kan aikinta, ta saki kyamara ta fizge wayar bango.

An tafi da Dorota asibiti a sume. Ɗan sanda Sajan Boucher ya buɗe na'urar, ya tarar an cire abin da ke taƙaita ƙarfin lantarkin.

Ya fara tambayoyi da Tobias, mai kula da na'urar.

"Jiya na duba ta, lafiya lau. Yau tun safe ina wurin likitan haƙori, ga takardar."

Sai Lucien, tsohon abokin rawar Dorota.

"Sha ɗaya saura na iso, Yallaɓai. Shekara tara muna rawa tare, ni zan cuce ta?"

Boucher ya juyo ga Noémie. "Madam, yanzu kowa zai so ganin fim ɗinki. Kada ki je ko'ina."

Ta gane ita yake zargi. Da ya fita amsa waya, sai ta tuna tun ƙarfe tara ta maƙala makirufo a rigar Dorota da ke rataye kusa da na'urar, sannan ita da Dorota suka fita shan kofi. Ta sa abin sauraro a kunne, ta kunna abin da makirufon ya naɗa a kwamfuta.

Shiru. Tara da kwata, ƙofa ta buɗe. Takun mutum, ƙarar kwance noti. Sai numfashi mai shaƙewa, da feshin maganin asma sau biyu.

Ta zare abin sauraron. A bayanta, daf da wuyanta, ta sake jin feshin.

"Me kike saurare, Noémie?" in ji Lucien.

Ta laluba ta ciro wayar abin sauraron daga kwamfuta, ta ƙure sautin. Numfashin ya cika siton, Boucher ya shigo da gudu.

"Ya ce sha ɗaya saura ya iso," ta ce. "Wannan tara da kwata ne. Ina waje tare da Dorota, Tobias na wurin likita, kuma shi kaɗai ke da asma a cikinmu."

Lucien ya zauna a ƙasa. "Tsoro kawai na so ta ji, ta yar da wayoyin nan ta dawo mu yi rawa. Ta musanya ni da akwatin lantarki!"

Kwana huɗu Dorota ta yi kafin ta farfaɗo. Hannunta na dama bai sake motsi ba. Da Noémie ta gaya mata wanda ya yi, sai ta ce kada a bar kowa ya shigo ɗakin.