Goyon da Zuwaira Ta Ɗauko a Tsibiri

Ni dai ban ga laifin Zuwaira a farkon lamarin ba. Shekara goma sha biyu tana rainon 'ya'yan mata masu kyafa kifi a wani ƙauyen bakin tafki kusa da Wara, ladanta sai godiya. Da aka gina gidan rainon yara, kwamitin gari ya sa sunanta a kan gaba a matsayin shugaba. Takarda ta je ofis ta dawo, sai ga sunan Shamsiyya, ƙanwar wani mai faɗa a ji, a madadin nata. Yarinyar da ko zanen goyo ba ta iya ɗaurawa ba!

Zuwaira ta kai ƙara kotu a Yelwa. Sau tara ana ɗage shari'ar: yau alƙali ya yi tafiya, gobe lauya ba lafiya, jibi fayil ya ɓata. Takaici ya ishe ta. A zaman jiran nan ne ta ji cewa shugabar gidan raino ita ke riƙe da kwangilar abincin yara. Daga ranar, aikin kawai ya daina isar ta.

Wata Laraba da hantsi ta shiga kwalekwale zuwa tsibirin da masunta ba sa jefa taru kusa da shi. Wani boka ke zaune can, bukkarsa sai da rarrafe ake shiga. Ƙasusuwan giwan ruwa na rataye a rufi, ga wata baƙar tukunya da ruwan cikinta ke motsi ba wanda ya taɓa shi.

"Shari'a kika so ko dukiya?" in ji boka.

"Duka biyu. Na gaji da zaman benci."

"Mi za ki biya?"

"Rago. Ko biyu ma."

Ya yi dariya ba sauti. "Na ƙasan ruwa ba su cin rago. Ɗansu na kuka, ba mai goyo. Ke ko an ce kin iya raino. Juyo bayanki."

"Har yaushe?"

"Sai uwatai ta neme shi."

Ta juya. Ya tsoma hannu biyu a tukunya, ya ɗora mata wani abu mai sanyi da nauyi, ya ɗaure da zanenta. Ta shafa, ba komai. Nauyin kuwa yana nan.

Kafin wata ya ƙare Shamsiyya ta ajiye aikin da kanta. Ofis ya ba Zuwaira riƙon shugabanci kafin kotu ta yanke hukunci. Kwangila ta zo, ta sayi injin casar shinkafa da jiragen ruwa biyu.

Abin da boka bai faɗa mata ba shi ne, goyon nan ba ya raba baya da kowa. Ɗiyar maƙwabciyarta Tabawa ce Zuwaira ta fara goyawa. Da azahar aka sauko da yarinyar a sandare, ruwa na zuba daga hancinta, aka ce zazzaɓi ne. Sai da yaro na biyu ya mutu a bayanta ta gane. Ta koma tsibiri, ta tarar ruwa ya rufe shi. Ta bar aikin? Ina! Kujera ta samu, ta zauna tana ba da umarni, ba ta sake goya ɗan kowa ba.

Sai 'yarta Yasira ta zo gida wankan jego. Ana saura kwana uku arba'in, Zuwaira ta sunkuya tana hura wutar ruwan wanka, Yasira ta zo ta bayanta ta ɗora mata jaririn.

"Inna, riƙe mini shi in shiga wanka."

Zuwaira ta kurma ihu, ta fizgo shi. Ya riga ya yi sanyi, jikinsa sharkaf.

Yasira ba ta sake magana da kowa ba. Ita kuwa Zuwaira yanzu tana yawo bakin tafki a sunkuye, tana jijjiga bayanta tana rarrashi. Iyaye suka kwashe 'ya'yansu, aka rufe gidan raino da kwaɗo.

Bayan shekara kotu ta yanke hukunci: aikin tun farko na Zuwaira ne. Masinja ya zo da takarda, ya rasa wanda zai miƙa wa.

Ku masu ƙara a gaban alƙali, ku ji tsoron Allah. Gaskiya na hannun matar nan, haƙuri ne ya ƙare mata, kwaɗayi ya kai ta ga halaka. Ba ita kaɗai ta biya ba, jarirai uku aka binne.