Wanda Cibiya Ta Shaƙe

Ni fa ban shiga aikin asibiti don in taɓa jini ba. A ɗakin ajiye bayanai nake, daga ni sai kwamfuta da tarin fayil. Kowace haihuwa da lambarta, kowace matsala da tata. Idan cibiya ta naɗe wuyan jariri akwai lambar da nake sawa. In tagwaye ne sai in ƙara mata wutsiya: ɗaya in na farko abin ya sama, biyu in na biyu ne. Ɗakin haihuwa kuwa ko ta ƙofarsa ba na son bi, ƙarninsa har cikin tuwo yake bina.

Wata Laraba da la'asar sakaliya aka kawo mini fayil ɗin Ummukulsum, matar wani manomin tumatir daga wajen Bunkure. Tagwaye maza ta haifa, ɗaya yana raye, ɗaya cibiya ta shaƙe shi ya koma. Sista Aziza, ungozomarmu, ta rubuta komai amma ba ta ce wanne ba ne. Taku ashirin ne tsakanina da ita. Sai na tuna bokitin tsummokaran jini da ke bakin ƙofarta, zuciyata ta tashi. Na ce kai, wa ma zai duba? Na danna ɗaya, na kashe kwamfuta, na saɓi jakata.

Ta bakin kanal, babbar hanyar ruwan noman rani, nake yanke hanya zuwa gida. Lokacin kwasar tumatir ne, an zubar da ruɓaɓɓe tsibi-tsibi a gefen hanya, ƙudaje sun yi masa baƙi. Rana ta yi ja. Masu ban ruwa duk sun tashi, sai kukan kwaɗi.

Can sai kwaɗin suka yi tsit.

Wani ƙarni ya danne warin tumatirin. Na san shi sarai, ƙarnin ɗakin haihuwa ne da na guje wa ɗazu.

A kan matakalar kanal wata tsohuwa ce tsugune, ta ba ni baya, tana wanki a ƙwarya. Na ce, "Sannu da aiki, Iya."

"Yauwa, Bashira."

Ban taɓa ganinta ba. Na leƙa ƙwaryar, da ma ban leƙa ba. Mabiyiya ce, uwar cibiyar nan da ake ba dangi su wanke su binne a bayan ɗaki. Ta kumbura, ta yi shuɗi, igiyoyi biyu na reto a jikinta. Tsohuwar ta kama ɗaya ta tatse ta da haƙora, ta tofar da gudan jini a ruwa. 

Ta ce a hankali, "Rabon wanda ya koma aka aiko ni ɗauka. Na ɗauki na Usaini. Sai na ga ke kin rubuta Hasan."

Ta ci gaba da wankinta.

"Mu ba ma musu da abin da aka rubuta, 'yar nan. Da an kira magariba zan je in gyara."

Ta naɗa igiya ɗaya a yatsa. Ta fara ja.

Na ja da baya, wani abu mai santsi da ɗumi ya zagaye mini idon sawu. Ɗaya igiyar ce. Ta rarrafo kan siminti kamar tana, kuma tana bugawa, bugu irin na jijiya.

Na ƙwalla a'uziyya, na fizge. Na faɗi ruf da ciki cikin ruɓaɓɓen tumatir, tsutsa har a leɓena. Na bar takalmi a nan, na juya asibiti da gudu.

Tun daga ƙofa na ji kururuwar Ummukulsum. Jaririn na hannun Sista Aziza, ya yi shuɗi, bakinsa a buɗe, ba kuka.

Uwar na ta ihu, "Yanzu fa ya gama shan nono! Me ya shaƙe shi?"

"Sista, wanne ya koma?"

"Na biyun mana! Ke yanzu ne lokacin tambaya?"

Na faɗa ɗakina. Na kunna kwamfuta. Ta tsaya tana nazari, kamar kullum.

Lasifikar masallaci ta yi ƙara. Ladan ya yi gyaran murya.

Wani ruwa ja-ja ya fara shigowa ta ƙasan ƙofa.

Ana jan abu jiƙaƙƙe a baranda.

Fayil ya buɗe. Yatsuna sai santsi suke. Na goge ɗaya. Na danna biyu.

"Allahu akbar."

Sai kukan jariri, mai kaifi, ya cika asibitin. Na duba ƙasa, siminti a bushe ƙayau. Nan na durƙusa na amayar da duk abin da ke cikina.

Har yau akwai zobe baƙi a idon sawuna, kuma ba sabulun da ya fitar da ƙarninsa. Yanzu da ƙafata nake shiga ɗakin haihuwa, in tsallake bokitin, in tambayi wanne ne, in sake tambaya. Sista Aziza har tsokanata take, wai 'yar gayu ta tuba.

Bayan arba'in Ummukulsum ta kawo Hasan rigakafi. Ta ɗaga haɓarsa ta nuna mini wani siririn layi da ya zagaye wuyansa.

"Kin ga ikon Allah, Malama. Shi da cibiya ba ta ko taɓa ba."

Ta ajiye mini kwandon tumatir, wai an ce mata ranar nan na dawo da gudu ba takalmi saboda ɗanta. Ta yi ta sa mini albarka.

Na karɓa, na yi godiya, ban gaya mata ni na jawo ba. Duk ƙyamar da na yi a duniya, ban taɓa jin irin wadda na ji wa kaina a ranar ba.