Minti Huɗun da Aka Yanke

Ana dab da magariba 'Yar Kofur ta koma ofis ɗauko makullin gida da ta manta. Aikinta a ɗakin adana tarihi shi ne kwafe tsofaffin finafinan yaƙi zuwa kwamfuta. Akwai guda da kowane ɗan makaranta ya sani: sojoji na shiga wani gari, mata sun jeru suna tafi. Mahaifinta na cikin sojojin, yana saurayi, yana ɗaga hula. Tun tana ƙarama take nuna wa ƙawaye shi.

Tun daga matakala ta jiyo ƙarar injin haska fim. Ita kuwa da hannunta ta kashe shi.

Ta tura ƙofa. Haske na rawa a bango. Fim ɗin nan ne, ya kai inda ya saba ƙarewa, amma bai tsaya ba.

Matan sun daina tafi. Ashe bindigogi ne a bayansu. Aka kora su cikin wani ɗakin ajiya, aka datse. Wani soja ya matso da galan, ya cire hula ya share gumi.

"Baba," ta ce can ƙasan maƙoshi.

Warin tsamin tsohon fim ya gushe. Fetur take ji. Sai ƙauri.

Wata tsohuwa ta leƙo ta tagar ɗakin ajiyar. Ba sojan take kallo ba. Fim ɗin ba shi da sauti, amma muryarta ta sauka dab da kunnen 'Yar Kofur.

"'Yan nan, minti huɗu suka yanke. Har yau muna ciki."

'Yar Kofur ta fizge wayar injin daga bango. Ya ci gaba da juyawa.

Ta ruga ƙofa, ƙofa ta ƙi buɗuwa. Mariƙin ya ɗau zafi.

Hayaƙi ya toshe mata ƙirji. Ta yi ta bugu.

Maigadi ne ya ɓalle ƙofar ya jawo ta. Shi dai bai ga komai ba sai ɗaki mai duhu, da tafin hannunta da ya sale.

Washegari ta zauna gaban mahaifinta, ba ta tambaye shi komai ba. Ya daɗe yana kallon bandejin hannunta.

"Tsohuwar taga ce ko?" ya ce. "Ni shekara hamsin ke nan tana jera mini sunayensu. Ɗauko takarda, uwata."

Da hannun hagu ta rubuta. Suna arba'in da ɗaya, bai yi tuntuɓe a ko guda ba.