Ruwan Kashe Gajiya

A wani zamani can, akwai wani ruwa a ƙarƙashin teku mai nauyi kamar dalma, kurɓa ɗaya ke kashe gajiya. A al'adar masu ɗebo shi, mai riƙe igiya a kwalekwale ke fara sha.

Amma wani mai nutso kullum shi ke shanye ruwan da ya ɗebo. In yayansa mai igiya ya ce, "Ƙanena, na gaji," sai ya ce, "Gobe, Yaya." Kullum gobe.

Ran nan ya cika gora, ya girgiza igiya don a jawo shi sama. Yayan ya ja, ya ja, har hannuwansa suka mutu. Dole mai nutso ya saki goran mai nauyi, ya taso da kansa da ƙyar.

Yayan na kwance yana haki, ya ce, "Yau ce goben, ƙanena?"