Kitson da Ba a Gama Ba

Sufeto na shirin fita cin abincin rana wata tela ta faɗo ofishinsa, zare ma na manne a mayafinta. Ta ajiye waya a kan tebur.

"Ranka ya daɗe, 'yata ce. Shekararta shida."

A bidiyon, wata murya da aka sauya da na'ura ke gaya wa yarinyar wai uwarta ta mutu. Yarinya ta yi ta kuka kamar ranta zai fita, an kuma ɗora kiɗa da dariya a kai. Mutum dubu arba'in sun kalla. Wai nishaɗi ke nan, Allah ya sauwaƙe.

"Jiya wani ya je ƙofar makarantarsu yana tambayar ta," in ji uwar. "Mai gadi ne ya kore shi."

Sufeto ya ƙura wa wayar ido. Tambarin makarantar ga shi nan ɓaro-ɓaro a rigar yarinyar. Shi ma yana da mai shekara shida a gida.

Ya fara da malamar ajinsu. Ta rantse ba ta shiga aji da waya, sai ga waya na ƙara a aljihun teburinta. Ƙarya kam ta yi, amma bangon ajin fari ne, na bidiyon kuwa shuɗi.

Ya koma ofis ya sake kallo, yana tsayarwa. Rabin kan yarinyar a kitse yake, rabi a tsefe, ga jan mataji soke a gashin. Kuma tana kukan tana miƙa hannu ga mai riƙe da wayar.

Ya kira uwar. "Wa ke mata kitso?"

"Ƙanwata. Ai ita ta fara nuna min bidiyon."

Suka je tare da uwar. Shagon ƙanwar shuɗin fenti gare shi.

"Rabona da ita mako uku," in ji mai kitson, tana murmushin dole.

"Wannan jan matajin na hannunki fa?"

Ta dubi matajin, ta dubi yayarta da ke bakin ƙofa, sai ta ajiye shi.

"Wasa ne, Yaya. Mabiya nake nema don shagon. Na ma saya mata alawa bayan nan. Wallahi yanzu zan goge."

"Naki za ki goge," in ji Sufeto. "Na wayoyin mutane fa?"

Wata kofur da ta rako su ta karɓi wayar, ta tasa mai kitson gaba zuwa mota. Uwar ko kallon ta ba ta yi ba.

"Ranka ya daɗe, gobe in kai yarinyar makaranta?"

Sufeto ya tuna mutumin ƙofar makaranta, wanda har yanzu ba a san ko wane ne ba.

"Bar ta a gida tukuna."