Loma Guda a Kasuwar Kihin Japon

"Wace ce wagga mai ƴar tuta?"

Da wagga tambaya Jaratu ta tarbi mijinta ran da ya kira ta daga Japon. Ba ta ce mishi ya sanyi ba, balle ya baƙunta. Mahdi ya yi dariya cikin portabul, ya ce mata jagora ce kawai, aikinta ke nan, ta yi gaba da tuta baƙi na biye, tana nuna musu kasuwa suna ɗanɗana abinci.

"Jagora... har jagorar hannu zuwa baki?"

Dariyar tashi ta tsaya cak.

Ga yadda abin shike. Mahdi ɗan Garhanga ne, shina aiki da wani furoje mai tare ruwan damina cikin ƙoramun Keita, su ne sunka tura shi estaj Japon, wato ƙaro sanin aiki. Ran hutu anka kwashe su anka kai su kasuwar kihi, wani abokin tahiya ya ɗauke shi bidiyo, shi kuwa da hannunshi ya turo wa matarshi, wai ta ga duniya.

Ta ko gani. Ta ga kihaye kwance bisa siminti awa bijimai, ƙanƙara ta yi musu hwari, maza cikin dogayen takalman roba suna jan su da ƙugiya. Ta ga wani na kaɗa ƙararrawa, wani na tsaga kihi da wuƙa mai tsawon takobi. Ta ga abubuwa masu ƙahwahu barkatai waɗanda ko suna ba ta san musu ba. Duk wannan bai dame ta ba. Abin da ya tsaya mata a wuya shi ne ƙarshen. Wata ƴar siririya mai gajeren gashi ta aje tutarta, ta kama yatsun Mahdi tana gyara mishi riƙon wasu tsinkaye biyu, hannu bisa hannu, har sunka ɗauko wani jan yanka ɗanye sharaf sunka tsoma cikin baƙin romo. Ya kai baki. Ya ruhe ido, ya tauna, ya buɗe shina murmushi. Ita kuwa ta kare baki da hannu tana dariya.

Kihi. Mahdi. Ɗanye ma kuwa.

Wanda bai san gidan ba sai ya ce mi ne ne abin hushi cikin loma guda. To, a saurara.

Dangin Mahdi makiyaya ne tun kakanni, ba su cin abin da ke cikin ruwa. Ba haram ba ne, su ma sun sani, gado ne kawai, kuma sun riƙe shi tam. Jaratu kuwa ɗiyar Fatsima mai banda ce, wadda duk kasuwar Madawa ta san rumhwarta. Cikin hayaƙin tarwaɗa ta girma. Da Mahdi ya ce ita shike so, uwarshi Takawa ta ce ba a kawo mata ƙarni cikin gida. Ya dage, ya rame, ya bar cin tuwo, har ta ce to, amma tukunyar kihi ba ta hawa murhun gidanta har abada.

Jaratu ta yarda. Tana son shi, mi za ta yi? Ta bar rumhwar uwarta, ta bar sana'ar da ta iya. In ta je ganin gida ta dawo, sai ta tsaya bakin ƙohwa ta goge hannu da toka da lemun tsami kahin ta taɓa ƙwaryar nono. Da cikin ɗiyarsu Munira ya sa mata kwaɗayin romon tarwaɗa, miyau ta yi ta haɗiya har ta haihu. Ba ta taɓa hwaɗi ba. Amma ba ta manta ba.

Wanda ya hi ciwo shi ne na kwano. Zuwan Mahdi na hwarko gaida surukai bayan biki, Fatsima ta zaɓi tarwaɗar da ta hi kowace mai, ta dahwa ta da albasa da tattasai, ta aika mishi zaure. Ta san al'adar gidansu, amma ta ce a ranta, ko loma guda dai don mutunci. Suruki ba ya ci gaban surukarshi, kwano shi ke kawo labari. Kwanon ya dawo yadda ya tahi, ko marhin ba a ɗaga ba. Fatsima ta buɗe gaban maƙwabtanta, ta ruhe, ta ce a ba yara. Daga ran nan ba ta sake aika mishi komi ba sai hura.

To, shi ne mutumen da yau ya ruhe ido don daɗin kihin wata.

Cikin portabul Mahdi ya yi ta bayani. Naman can ba a san wanda ya yanka ba, in ji shi, tun zuwanshi shinkahwa tsura shike ci da shayi, har wando ya hwara zamewa. Kowa ya ɗanɗana, shi kaɗai ya rage, matar ta duƙa tana miƙo mishi da hannu biyu, sai ya ji kunyar ya ƙi.

"Kunya," in ji Jaratu a hankali. "Ashe kana da ita."

"Haba Jaratuna, hasken idona..."

"Baƙuwa ta ci albarkacin kunyarka. Innata ba ta ci ba."

Ta kashe portabul.

Daga nan bidiyon ya zame mata ciwo mai ƙaiƙayi. Tana daka ta aje taɓarya ta duba. Tana ba Munira mama ta duba. Ta ja hoton da yatsu biyu har huskar matar ta cika portabul, tana neman aibi, ba ta samu ba sai haƙori guda da ya ɗan hau ɗan'uwanshi, shi ma kyau ya ƙara mata. Ta dubi hannun matar, sumul awa ba a taɓa hura wuta da shi ba. Ta dubi nata mai tabon ƙunar banda. Har yadda matar ke kare baki ta gwada cikin madubi, ta ji haushin kanta, ta kihe madubin.

Wata sahiya Takawa ta ishe ta tana kallo, ta ce a nuna mata ɗanta. Ta kai portabul dab da ido, ta daɗe, sannan ta ce alhamdu lillahi, ashe naman shanu suke ba shi. Jaratu ta ce kihi ne, Inna. Tsohuwa ta ce ina anka taɓa ganin jan kihi? Kahin azahar duk unguwa ta ji cewa a Japon ɗan Takawa tsoka zalla shike ci.

Ran da Mahdi ya dawo, gida ya cika da mutane. Ya rame, gaskiya, kuma zuciyar Jaratu ta yi tsalle da ta gan shi, ba ta iya hana ta ba. Ta shiga ɗaka tana kwance mishi balis, akwatin tahiyarshi, tana ta gaya wa kanta a bar maganar nan haka. Sai ga tsinkayen nan biyu cikin ninkin rigarshi, naɗe cikin ƙyalle mai hurannin zane, an ɗaure da jan zare.

Ta hito da su cikin hannu. Daidai nan Takawa, tana zaune tsakiyar mata, ta ɗaga murya.

"Mahdi, raba ni da matarka. Abin nan da ka ci, nama ne ko ba nama ba?"

Ya dubi uwarshi. Ya dubi Jaratu. Ya dubi ƙasa.

"Awa... awa nama ne, Inna."

Mata sunka yi shewa. Jaratu ta kai mishi ruwan wanka, ta kai mishi tuwo. Gari na wayewa ta goya Munira, ta soke tsinkayen cikin ɗankwali, ta shiga motar Madawa.

Fatsima ba ta tambaye ta komi ba. Ta dubi goyon, ta dubi idon, ta miƙa mata tsohon zane da wuƙa. Jaratu ta zauna bakin banda awa jiya ta tashi. Da tsinkayen Japon ta riƙa juya tarwaɗa bisa waya har sunka yi baƙi ƙirin, kuma kowane juyi sai ta ji sanyi a ranta. Hannunta ya koma ƙarni, ba ta nemi lemu ba.

Sau ɗaya kawai uwar ta taɓo zancen. Ta ce ita ba hushi take da yaron ba, yaro ne mai ladabi. Kwanonta dai take jira.

Ya zo ran wata Juma'a bayan an sauko masallaci. Bai zo da dattijon biko ba, shi kaɗai, ya zauna zaure bisa tabarma. Jaratu ta bar shi ya sha zama, sannan ta shigo da zanen aiki, ta zauna nesa.

Ya ce ya gaya wa Inna gaskiya. Ya ce mata kihi ne, kuma ya ci, kuma ba sau guda ba. Ba ta yi hwaɗa ba. Tashi ta yi ta ɗauke ƙwaryarshi ta nono daga cikin na gida, wadda shike sha da ita tun shina yaro, ta kai ta bisa katanga ta aje ita kaɗai. Gaisuwarshi ma da ka take amsawa.

Jaratu ta ji abin har cikin ƙirjinta, don ta san yadda ake tsayuwa bakin ƙohwa a gidan nan. Amma da sauran magana.

"Mi sunanta?"

"Wallahi ban riƙe ba."

"Ka dai riƙe tsinkenta."

"Kowa anka ba, Jaratu. Har direba."

"Ka ruhe ido."

"Amai nike dannewa!"

Dariya ta taso mata, ta danne ta da ƙyar. Ta ce to, ci na biyun hwa?

Ya sosa ƙeya.

"Na biyun... akwai daɗi."

Ta ji awa an watsa mata barkono. Amma wanga karon bai ce awa nama ba ne. Ta tashi ta shiga cikin gida da hawaye, ba ta san ko na mi ne ba.

Ta ishe Fatsima ta riga ta sauke tukunya. Kwanon nan ne dai, mai shuɗin baki, wanda ya ɗan ɓantare wurin marhi. Tsohuwa ta tura shi gabanta da ƙahwa ba tare da ta dube ta ba.

Jaratu ta aje mishi. Ya ɗaga marhi, tururi ya buge shi, ya yi bismilla, ya danna hannu da ƙarhin hali ya cika baki. Loma ta uku ƙaya ta shaƙe shi. Ido ya hito, shina nuna wuya. Ta zabura ta dunƙula tuwo ta ce ya haɗiye kar ya tauna, tana dukan bayanshi, kuma duka biyu na ƙarshe ba don ƙaya ta yi su ba.

"Nata ba ƙaya ko?"

"Babu," in ji shi shina tari.

"To, namu da ƙaya. Matso."

Ta jawo kwanon. Ta riƙa ɓare tsoka tana zare ƙaya ɗaya-ɗaya da yatsu, yadda anka koya mata tun ba ta kai murhu tsawo ba, tana kai mishi baki. Ba tsinke, ba tuta. Can ya kama hannun, da romonshi da ƙarninshi da tabonshi, ya ɗora bisa huskarshi. Ya ce ya gina mata murhu bayan ɗakinsu, nata ita kaɗai, Inna ta gani ba ta ce a rushe ba. Ya ce gidan ba ya zaunuwa in ba ta, ta yi wa Allah ta dawo, masoyiya.

"Buɗe baki," in ji ta. "Kar kuma in ga ka ruhe ido."

Da ta mai da kwanon cikin gida, maƙwabtan nan na zaune, su ne dai na wancan karon, wai sun shigo aron rariya. Fatsima ta goge hannu a zane, ta ɗaga marhi a hankali. Ƙaya ce tsibi guda, romo an suɗe tas, sai kan tarwaɗar shi kaɗai a tsakiya.

Ta daɗe tana kallo. Ta ce hayaƙin nan na yau ya cika shiga ido. Sannan ta miƙa wa ɗiyarta kwanon.

"Koma ki gaya wa mijinki, kan ma ci ake."