Tikiti Ɗaya

Ta tagar sayar da tikiti ta fara ganinsa, yana kafa teburinsa daura da gidan kallon mahaifinta. Sana'arsa tura wa mutane fina-finai da wasanni a waya. Ya ɗago ido, ta sunkuyar da kai.

Ita kam kaɗaici ya zame mata abokin zama. Kujerun da a da ake turereniya a kansu sun yi ƙura, kowa ya koma kallo a tafin hannunsa. Baba yakan kunna majigi ya zauna shi ɗaya, ita kuma ta wuni tana korar ƙuda.

Ba a jima ba saƙon mai teburin ya shigo wayarta.

"A jikin allonku na ga lambar. Gimbiyar taga, yau wane fim za a nuna?"

"Wanda ka riga ka tura wa duk unguwa."

Daga nan hira ta yi daɗi, shaƙuwa ta shiga. Amma da maganar ta kai kunnen Baba, sai ya yi tsalle ya dire.

"Wanda ya kashe min kasuwa zan ba 'yata? Goge lambarsa."

Ta goge, ta sha kukanta a ɓoye. Kullum tana hango 'yan mata sun yanyame teburinsa suna dariya, har ta haƙiƙance ya manta da ita.

Rannan sai ga shi a bakin taga.

"Tikiti ɗaya, Gimbiya."

"Ai kana da fim ɗin a kwamfutarka."

"Ina da shi. Ban dai taɓa kallonsa da mutum a gefena ba."

Baba ya kunna masa, fuska a murtuke, ya koma can ƙarshen layi ya zauna. Washegari saurayin ya dawo, haka ma jibi. Ta bayan labule take leƙensu, tazarar da ke tsakaninsu tana raguwa. Wata rana ta jiyo su suna musu kan ƙarshen fim, Baba har da dariyar da ta daɗe ba ta ji ba.

Da Baba ya fito ya tsaya a gabanta yana gyara hula.

"Yaron nan bai san fim ba ko kaɗan. Ki ce ya turo magabatansa, na koya masa a hankali."

A gidan kallon aka yi taron biki. Baba ya dubi jama'a, kowa ya ɗaga waya yana ɗaukar amarya da ango. Ya share ido da hannun riga, ya kamo hannuwansu ya haɗa.

"Allah Ya yi muku albarka. Kada Ya bar ɗayanku ya zauna shi kaɗai."